Talata: takardun Auta da tandun Inna

Hazo ya sauko sosai yau, a Ƙofar Ƙaura da safe da kyar mai napep yake hango gabansa. Leɓe duk ya tsage. Makaranta lafiya lau, 'yan SS2 ɗina sun yi ƙoƙari a gwajin da na ba su, har mutumin nan nawa mai barci a bayan aji ya ɗaga hannu, wallahi na ji daɗi. Na biya kasuwa na sayo tattasai da albasa, kuɗin albasa kam sai dai Allah ya kyauta. Wuta ta zo da azahar, kafin la'asar sun ɗauke abarsu.

Na tarar da Auta ta baje takardu a tabarma, jibi suke da jarrabawar bayokemistiri, ko gyale ban cire ba ta ce Yaya zo ki raba mu da wannan abin. Wai ta haddace cewa metalo-enzayim shi ne enzayim (furotin mai hanzarta aikin sinadarai a jiki) ɗin da ba ya aiki sai da ƙarfe a jikinsa, wannan ba matsala, amma a ƙasa an rubuta kambiyalistik ba wani bayani, ita kuma ta ɗauka duk enzayim ɗin da yake da iri-iri masu ƙarfe daban-daban shi ake nufi. Kuma haka 'yan ajinsu suka rubuta a grup ɗinsu na WhatsApp, kowa ya kwafa.

Na ce a'a, kawo biro. Da wani enzayim mai suna SOD muka fara tunda shi ne a takardarta, wanda McCord da Fridovich suka gano aikinsa a 1969 a jami'ar Duke ta Amurka, aikinsa ya kama gubar sufa-oksayid da jiki ke samarwa in yana ƙona abinci da iskar oksijin, ya mayar da ita oksijin da haidurojin feroksayid. A jikinmu akwai SOD1 mai jan ƙarfe da zink a ruwan ƙwayar halitta, akwai SOD2 mai manganis a cikin mitokondiriya, wato ɓangaren ƙwayar da ke samar da ƙarfi. Aiki ɗaya suke yi amma furotin biyu ne daban, kowanne da nasa jin, wato ƙwayar gado, ko siffarsu ba ɗaya ba. Waɗannan aisozayim ne. A wasu bakteriya da ganyen tsirrai akwai mai ayon, wato baƙin ƙarfe, a wasu bakteriyar ƙasa ma har mai nikel. Duk wannan bai zama kambiyalistik ba.

Kambiyalistik sai in furotin ɗin guda ɗaya ne, bai canza ba, ka ba shi wannan ƙarfen ya yi aiki, ka cire ka ba shi wancan ya sake yin aiki. Misalin da na fi so shi ne SOD ɗin Streptococcus mutans, ƙwayar nan mai cin haƙori, da manganis yana yi da ayon ma yana yi. Akwai kuma wani ɗan mitsitsin tsiron teku da a 2000 aka gano cewa in zink ya yi ƙaranci a ruwa sai ya sa kadmiyom a enzayim ɗinsa mai suna kabonik anhaidires ya ci gaba da rayuwa, kadmiyom fa da mu a wurinmu guba ne tsantsa. Duk lokacin da na tuna wannan sai na ce Allah mai iko. Auta ta ce to ai kenan kowane ƙarfe zai iya zama a wurin wani. Na ce nan ne fa inda ake faɗawa rami. E. coli tana da SOD mai manganis da mai ayon, sun yi kama sosai, amma in ayon ya zauna a cikin mai manganis, zama kawai ya yi, aiki ya tsaya. Kamar mutum ne ya haye kujerar direban napep bai iya tuƙi ba kuma ya ƙi sauka. Shiga gurbi daban, yin aiki daban, shi ya sa ba a kiran enzayim kambiyalistik don kawai ya riƙe ƙarfe biyu, sai an auna an ga yana aiki da kowannensu.

Ta gane, na ga idonta ya buɗe, har ta ɗauki hoton zanen ta tura grup. Sai na ƙara mata da ALAD, enzayim ɗin da ke cikin matakan farko na haɗa him, jan abin nan na cikin jini. Namu da zink yake aiki, na tsirrai da maganiziyom. In dalma ta shiga jiki sai ta ture zink ɗin ta zauna, him ya ragu, jini ya yi ƙasa. Na ce mata abin da ya faru kenan a jinin yaran Zamfara a 2010, ƙauyukan Anka da Bukkuyum, da ake niƙa dutsen zinariya a cikin gida ƙura tana tashi, yara aƙalla 400 suka rasu, kuma ba jinin kaɗai ba, ƙwaƙwalwa dalmar ta fi yi wa ɓarna. Ta ce Allah ya jiƙansu, amma Yaya wannan ba zai fito a jarrabawa ba. Ban ce komai ba.

Muna cikin haka na juya. Inna tana bakin ƙofar ɗakinta, ta kwantar da jaririn Yaya Babba a cinya, ta buɗe tandun nan nata na fata da tun muna yara muka san shi, ta lakato kwalli da ɗan yatsa tana ja masa a ido, tana masa wasa wai ango ya sha kwalliya. Yaron ya yi ɗan kuka, ya murza idon da bayan hannu, hannun ya tafi baki kai tsaye. Na ga baƙin a leɓensa. Gabana ya faɗi wallahi, don yawancin kwallin dutse mai ƙyallin nan da ake dakawa galena ne, wato dutsen dalma. A 2011 a Boston an samu jariri ɗan wata shida da dalma a jini, da aka bincika kwallin da aka kai musu daga Najeriya ne, sama da kashi 80 cikin ɗari na garin dalma ce.

Na matsa na durƙusa kusa da ita na ce Inna don Allah da an bar sa masa kwallin nan har ya girma. Ba ta ko kalle ni ba ta ce saboda me. Na ce dutsen akwai dalma a ciki, yana shiga cikinsa ta hannu, hawaye ma yana gangarawa da shi ta hanci zuwa maƙogwaro. Ta ce ke da me aka rene ki? Duk ku ɗin nan da tandun nan na rene ku, ga ki nan har kina koyar da 'ya'yan mutane. Kwalli kuma sunna ne, boko bai isa ya hana ba. Na ce Inna ni ban ce kwalli laifi ne ba, Allah ya kiyaye, dutsen da ake sayar mana nake magana, ba wanda ya auna abin da ke cikinsa. Ta rufe tandun ta ce to likita, mun ji. Ta miƙa wa uwarsa shi ta shige ɗaki.

Wannan "mun ji" ɗin ne ya tsaya mini har yanzu. Na san Inna, ba ƙin gaskiya take ba, ji ta yi kamar na ce ta cutar da mu, a gaban surukarta kuma. Amma ni ma na san abin da na sani. Dalma ba ta sa jariri zazzaɓi ko ƙuraje da za a ce ga shi, a hankali take taruwa, kuma likitoci ba su san wani adadinta a jinin yaro da za a ce ba komai ba. Wanda aka rena da ita ya girma lafiya a ido ba zai taɓa sanin me ta rage masa ba. Wannan maganar ce ba zan iya faɗa wa Inna ba, don da zafi za ta ji ta, har ni da nake rubutawa da zafi nake jin ta.

Abin da ya ƙara dagula mini rai, Auta tana zaune duk aka yi, biro a hannu, zanen ALAD da zink ɗinsa a gabanta ko bushewa bai yi ba, ba ta ce uffan ba. Ban ga laifinta ba, auta ce, ba za ta sa baki a maganar Inna ba. Amma na so ko kallona ta yi in san ta haɗa takardar da tandun.

Tuwon dare miyar kuka, Inna a ɗaki ta ci nata. Bayan isha'i matar Yaya ta leƙo ɗakina a hankali ta ce Anti da gaske ne abin da kika faɗa? Na ce da gaske ne. Ta ce ita ba za ta iya hana Inna ba, amma za ta riƙa goge masa da tsumma mai ɗumi in an sa, na ce ta yi hakan, ta kuma wanke masa hannu, in sun je awo ta tambaya ko ana gwajin dalma a jini ko a faɗa mata inda ake yi. Yaya Babba zai dawo daga Funtuwa ranar Juma'a, shi Inna tana jin maganarsa, zan same shi tun a zaure kafin ya shiga gaishe ta.