Yadda na koyi shayin la'asar a Ekseta

Fam biyu na sayi littafin, a wani shagon gwanjo irin wanda ake tara cinikinsa don taimakon mabuƙata. Lokacin watanmu huɗu da sauka a Ekseta, kudu maso yammacin Ingila, maigidana yana karatu, ni kuma ina gida da yarinya. Hunturu ya shigo, kafin ƙarfe huɗu da rabi duhu ya rufa, kewar gida ta dame ni. Tsohon littafi ne na girke-girken gidajen shan shayi, bangonsa ya ɗan ɓalle, wani shafin ma har da tabon maiƙo, alamar mai shi ta farko ta yi aiki da shi sosai. Wannan tabon ne ya sa na ɗauka.

A farkonsa an ba da tarihin al'adar a taƙaice. Wajen 1840, wata mai sarauta, Anna matar Duke na Bedfod, ta riƙa jin yunwa tsakanin abincin rana da na dare, domin manyan gidaje a lokacin sai wajen ƙarfe takwas suke cin na dare. Sai ta sa a riƙa kai mata shayi da burodi da bota da ɗan kek ɗakinta da la'asar, daga baya ta fara gayyatar ƙawayenta, abu ya bazu. A littafin ne kuma na gane cewa abin da suke kira babban shayi asalinsa na ma'aikata ne, abinci mai nauyi da suke ci a kan dogon tebur in sun taso daga aiki. Na masu hali shi ne wannan na la'asar, mai 'yan ƙananan abubuwa a faranti hawa uku: sanwic a ƙasa, sikon a tsakiya, kek a sama.

Sikon ɗin nan shi ya ba ni wahala. Wani ɗan curin fulawa ne da ake gasawa, tsakanin burodi da kek, a tsaga shi biyu a shafa masa jam da kirim. Awon littafin na da ne, da oza aka rubuta, sai da na zauna na mayar: fulawa mai tashi da kanta giram 225, bota giram 55, sukari giram 25, madara mililita 150, ɗan gishiri, a gasa a zafi 220 na minti goma sha biyu zuwa sha biyar. Na auna komai daidai. Na kwaɓa kamar yadda aka koya mini kwaɓin cincin a gidanmu, na murza, na sake murzawa har ƙullin ya yi santsi. Da na buɗe oben sai ga su a kwance, ba su tashi ba, ga tauri. Na sake washegari, haka. Karo na uku na ƙara bekin foda, suka fito da ɗaci. Raina ya ɓaci ƙwarai, don a garinmu ba a taɓa kushe hannuna a girki ba.

Maƙwabciyarmu wata dattijuwa ce, ta haura saba'in, ita kaɗai a gidanta. Mukan gaisa ta kan shinge, ina ce mata Mama, ita kuma ta saba har tana amsawa. Ran nan na ɗauki guda ɗaya na kai mata tare da littafin. Ta tsaga shi, ta duba cikinsa, ta ce, "'Yata, kin wahalar da ƙullin nan. Kawo fulawarki mu yi tare."

Abin da na gani a kicin ɗinta ban manta ba. Botar daga firij ta fito da ita, da sanyinta, ta yayyanka ƙanana. Da kan yatsu kawai ta riƙa marmasa ta cikin fulawa, tana ɗaga hannu sama tana sakin garin yana zuba, har ya koma kamar tsakin masara. Tafin hannunta bai taɓa shi ba, ta ce zafin tafi yana narkar da bota. Da ta zuba madara, da wuƙar cin abinci ta juya, sau 'yan kaɗan, ƙullin duk a yamutse, ni a idona bai ma haɗu ba. Ta juye a tebur, ta danna shi a hankali, ta bar masa kauri kamar yatsu biyu. Wajen yankawa ta tsoma abin yankan a fulawa, ta danna shi tsaye ta ɗago tsaye. Ta ce in aka murɗa, gefen yana liƙewa, sikon ya tashi a karkace. Ta shafa madara a samansu kawai, ta jefa cikin oben da ya riga ya ɗau zafi. Minti goma sha biyu suka fito dogaye, kowanne da tsagarsa a tsakiya, ana taɓawa ya rabe da kansa.

Dalilin a fili yake da ta yi mini bayani. Murza ƙulli yana sa fulawa ta yi danƙo, kuma danƙon nan shi ake nema a burodi da gurasa. Sikon kuwa gudunsa yake yi. Littafin ya faɗa, da kalma biyu, wai a haɗa a hankali. Wadda ta rubuta ta ɗauka duk mai karantawa ta taɓa ganin kakarta tana yi.

Kirim ɗin yankin ma abin kallo ne. Ana ɗora kirim a wuta marar ƙarfi na sa'o'i, a bar shi ya huce, sai samansa ya yi ɓawo ruwan ƙwai, fiye da rabinsa maiƙo ne. Mutanen Debon, inda Ekseta take, kirim suke fara shafawa sannan jam, maƙwabtansu na Konwal kuma jam suke sawa a ƙasa. Mama ta ce tun tana yarinya ake wannan gardama. Na ɗanɗana duka biyun, na fi son na Debon, domin kirim ɗin yana zama kamar bota a kan ɗumin sikon.

Shayin kansa sai da na sake koyo. Mu mun saba tafasa ganye a tukunya da citta da kanumfari, a zuba madarar gwangwani da sukari. A can ana ɗauraye butar da ruwan zafi tukuna, a zuba ganye cokali ɗaya ga kowane mutum da ɗaya na buta, a kwara tafasasshen ruwa, a rufe minti uku zuwa biyar, sannan a tace. Ya wuce haka sai ya yi bauri. Ban daina son namu ba, har gobe shi nake sha da safe, amma a wannan hanyar ne na fara jin bambancin ganyen Assam mai ƙarfi da na Darjilin mai ƙanshi, duka biyun na ƙasar Indiya.

Wasu shafukan na tsallake su gaba ɗaya, masu naman alade da kek ɗin da ake jiƙawa da giya. Na tsaya kan sanwic na kokwamba, da na dafaffen ƙwai, da na kifi. Kokwambar a yanka ta siriri, a barbaɗa gishiri, a tsane ruwan da tsumma, in ba haka ba burodin ya jiƙe kafin baƙi su zauna.

Ranar wata Asabar a watan Fabrairu na gayyaci Mama da matan 'yan uwanmu ɗalibai su uku. Na sa ƙarfe uku, don mu gama kafin magariba. Ba ni da faranti mai hawa, sai ita ta zo da nata, na bikin aurenta. A butar na zuba ganyen Highland da na taho da shi daga gida, wanda ake nomawa a tsaunin Mambila, jihar Taraba. Mama ba ta taɓa jin ana noman shayi a Nijeriya ba. Ta kurɓa ba madara, ta yi shiru, ta nemi in nuna mata wurin a taswira. Sannan ta ɗauki sikon, ta tsaga da hannu, ta duba cikinsa kamar yadda ta duba na farko, ta miƙa wuƙa wajen kirim. Da za ta tafi na ƙulla mata sauran ganyen, ita kuma ta ce in riƙe farantin har ranar da za mu koma gida.