Kafin ku kai kukan jinkiri babbar kotu

Ƙannena, lokacin da na shigar da buƙatar kuɗin ciyar da 'ya'yana a kotun iyali, na zaci wata biyu sun isa. Sai da aka shekara ana ɗage zama. Yau alƙali ya tafi taro, gobe ba a kai wa uban yaran sammaci ba, jibi lauyansa ba shi da lafiya. In zauna a benci tun safe, a sa wata rana, in ɗauki jakata in koma gida. Ko sau ɗaya ban taɓa rubuta ranar da dalilin ɗagewar ba.

Da haƙuri ya ƙare, muka nufi babbar kotu neman umarnin da lauyoyi ke kira mandamus, kalmar Latin mai nufin "mun umarta". Abin da aka fara nema shi ne kwafin bayanan zaman kotun ƙasa. Da na karanta shi, jikina ya yi sanyi. Uku daga cikin ɗage-ɗagen daga ɓangarena suka fito: sau biyu lauyana ne ya roƙa saboda wata shari'arsa, ban ma sani ba, sau ɗaya ni na makara. Lauyan wancan ɓangaren kuwa ya riƙa ɗaga takardar nan kamar tuta. Babbar kotu takarda take dubawa, hawayen da na zubar a benci ba su cikin fayil. Don haka ku sayi ƙaramin littafi tun ranar farko, duk ɗagewa ku rubuta wa ya nema, me ya ce. Ku kuma fara roƙon kotun da ke riƙe da shari'ar a rubuce ta gaggauta, ku ajiye kwafin da magatakarda ya buga wa hatimi. Ni ban yi ba, kuma an tambaye ni.

Na kuma ɗauka babbar kotu za ta yanka mini kuɗin da kanta. Ashe umarnin yana tilasta wa alƙali ya saurara ya yanke hukunci ne kawai, ba ya gaya masa wa zai ba gaskiya. Fayil ɗin wurin alƙalin nan zai koma. Shi ya sa har yau nake gode wa lauyana da ya soke layin da na nace a sa a takardar rantsuwa, cewa alƙali yana son kai. Ba ni da hujja, haushi ne kawai.

Ku tambayi wa'adin da dokar ƙasarku ta sa, domin shi ne madogara. A Indiya, alal misali, doka ta ce a yi ƙoƙarin gama buƙatar ciyarwa ta wucin gadi cikin kwana 60 daga isar da sammaci, sashe na 227 na tsarin mulkinsu kuma ya ba babbar kotu ikon sa ido a kan kotunan ƙasa. A Najeriya, sashe na 294 na tsarin mulkin 1999 ya ba kotunan da ya kafa kwana 90 su yanke hukunci bayan kammala shaida da jawaban ƙarshe.

Tawa babbar kotun ta sa wa'adi, aka saurare mu kafin ya cika. Kuɗin da aka yanka bai kai wanda na nema ba.