"Ana kan aiki" ce ta cinye mana wata uku

A bakin firamaren unguwarmu akwai allo mai cewa an kammala rijiyar burtsatse mai sola, aikin mazaɓa. A ƙarƙashinsa ƙarafunan ɗora tanki ne kawai, da ramin da yara suka cika da duwatsu. Mu 'yan kwamitin unguwa muka ɗauki hotuna, muka rubuta takardar ƙorafi, muka kai wa ɗaya daga cikin hukumomin yaƙi da cin hanci. Duk wannan bai ba mu wahala ba.

Wahalarmu wani jami'i ne mai fara'a. Duk sanda na je bibiya sai ya jawo min kujera ya ce, "Malam, kwantar da hankalinka, ana kan aiki, fayil ɗinku yana teburin oga." Da ma korata ya yi tun ranar farko! Da na san inda na dosa. Haka muka shiga damina muka fita, ko layi ɗaya a rubuce ba mu samu ba.

Da muka gaji, aka yi karo-karo muka ɗauki lauya, ya nemi Babbar Kotun Tarayya ta ba mu izinin neman odar mandamus, wadda ke tilasta wa hukuma yin aikin da doka ta ɗora mata. Na shiga kotu da hotuna a ambulan, ina jiran a tambaye ni ina kuɗin rijiya suka tafi. Ba wanda ya buɗe ambulan ɗin. Alƙali tambaya biyu ya yi wa Barista: yaushe kuka kai ƙorafin, kuma ina shaidar kun nemi hukumar ta yi aikinta ta ƙi?

A nan na fara jin cewa ƙa'idojin kotun wata uku suka ba da a shigar da irin wannan buƙata. Watanninmu kuwa sun ƙare a kan waccan kujera. Shaidar ƙi kuma babu, domin mutumin bai taɓa cewa a'a ba. Wa zai kai wa alƙali murmushi a matsayin hujja?

A waje Barista ya ƙara min da cewa ko da mun zo a kan lokaci, ba lallai mu yi nasara ba. Fitaccen lauya marigayi Gani Fawehinmi da kansa ya nemi a tilasta wa 'yan sanda binciken takardun makarantar Bola Tinubu lokacin yana gwamnan Legas. A 2002 Kotun Ƙoli ta ce rigar kariyar da sashe na 308 na kundin tsarin mulki ya ba gwamnoni ba ta hana a binciki gwamna, amma ta ƙi ba da odar, domin 'yan sanda na da ikon auna abin da za su bincika. To, na yarda. Amma Gani an saurare shi har sama, mu ko ƙofa ba mu wuce ba, kuma wannan ne ke ƙona min rai.

Duk mai shirin bin wannan hanya, kada ya bar ofis sai an buga masa hatimi da kwanan wata a kwafinsa. In aka yi shiru, ya aika wasiƙa ta biyu mai wa'adi, ya faɗa ƙarara cewa in ya cika zai ɗauka an ƙi. Lauya kuma a gan shi tun makon farko, ba sai haƙuri ya ƙare ba.

Yanzu mun koma kan dokar 'yancin samun bayanai ta 2011, mun nemi takardun kwangilar da na biyan kuɗi daga ma'aikatar da ta ba da aikin. Kwana 7 doka ta ba su su amsa, in sun ƙi muna da kwana 30 mu kai ƙara. Wannan karon duk wanda ya ce min ana kan aiki, sai ya rubuta ya sa hannu.