Tarihin Rayuwata, Kashi na 9: Alaramman Ƙarƙashin Gulbi

Makon jiya na tsaya a inda karayar ƙafa ta kwantar da ni wata biyu a ɗakin kakata, a unguwar Bagalam ta Maradi. Ba lakwal, ba ƙwallo. Dukiyata kaye guda mai shafi 100 da bik shuɗi wanda na tauna murfinsa har ya tsage.

Inna Tsohuwa ba ta da hira sai ta ruwan 1945, shekarar da Gulbi ya cika ya ci tsohon Maradi da ke cikin fadama, har aka tashi garin aka hau tudu. Tana ƙaramar yarinya lokacin. Rumbunansu sun tafi, awaki sun tafi, amma abin da take ambato kullum gafakar babanta ce, wadda ta gani da idonta tana juyi a kan ruwa. Gafakar nan ta hana ni barci. Ina ta sauka?

Sai na gina mata gari a cikin kaye. Na ce ƙarƙashin yashin Gulbi akwai wata ƙasa inda duk abin da ruwa ya ci yake faɗawa: turame, takalma ware-ware, kuɗin da ba a kashewa. Mutanenta ba su san rana ba, da hasken ƙwaron wuta suke kasuwa. A can na haifi Alaramma Ɗan Tulu, maraya, wanda gafakar ta faɗo wa a ka yana kiwon kunkuru.

Matsalarsa guda ce. A ƙasar nan tawada ba ta zama, kome yawan ƙaron da aka zuba mata, da an rubuta sai laima ta lashe. Shekara arba'in yana haddace abin da ke cikin gafakar kafin takardun su narke, yana ƙarawa da nasa ilimin: sunayen igiyoyin ruwa, maganin mantuwa, lissafin lokacin da Gulbi zai dawo. Almajirai kuwa ko ɗaya, don mutanen garin sun ɗauke shi taɓaɓɓe. Da ya ji ajali ya matso, sai ya rubuta komai a kan allo dubu, ya wanke su cikin rijiyar tsakiyar gari. Duk wanda ya sha, layi ɗaya ne zai zauna masa a ka, ba ƙari. Daga ranar, in ana son karanta littafin Ɗan Tulu sai gari ya taru kaf, mahauci ya faɗi nasa, kuturu ya ɗora, sarki ya jira layinsa ya zo. In mutum biyu suna gaba, shafi ya tsinke. Har yau ina ganin ban sake rubuta abin da ya kai wannan ba, kuma na san daga ina na sato shi: rubutun sha da Inna take ɗura mini kowace safiya, da labarin waliyyai 99 na tabkin Madarunfa.

Dare ɗaya na karanta mata. Ta yi shiru, tana murza goro a magagari, sannan ta ce, "Maigidana, to shi wanga malami, wa ya yi mishi sutura?"

Ban tanadi amsa ba. Kwana uku ina neman wanda zai wanke gawar mutumin da ba shi da kowa.

Ina cikin haka kawuna ya shigo duba ƙafa, ya ga kayen a kan tabarma. Ya buɗe, ya bi layi biyu da yatsa, fuskarsa ta canza. "Kai, malamai kake yi wa ba'a?" Ya naɗe shi ya sa a aljihun babbar riga, ya ce bayan la'asar zai kai wa liman.

Abin da ya faru a zauren liman, sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu.