Mutum-mutumin da ke ƙofar Camp Randall

Na sauka birnin Madison na jihar Wiskonsin a watan Agustan 2014, na zo karatun digiri na biyu a fannin noma. Ɗakin da na kama haya bai fi tafiyar minti goma da filin wasan jami'a ba, wanda ake kira Camp Randall. Wata Asabar da safe na leƙo ta taga na ga titi ya cika maƙil da mutane, kowa sanye da jan kaya, ana gashin nama a ƙofar gidaje, ana kaɗe-kaɗe. Gabana ya faɗi, domin a inda na fito irin wannan cincirindo ba ya rasa dalili mai nauyi. Ashe wasan ƙwallon Amurka ne na ɗalibai, kuma mutum fiye da dubu 70 ke shiga kallo.

Wannan zangon karatu na farko ya ba ni wuya. Turancin malamai yana wuce ni da gudu, jarrabawar farko ban ci abin kirki ba, ga sanyi ya shigo tun Nuwamba, rana na faɗuwa kafin ƙarfe biyar. Tafkin Mendota ya daskare har mutane na tafiya a kansa. Na fara duba kuɗin jirgin komawa gida a ɓoye, ban gaya wa kowa ba.

A masallacin da ke kusa da jami'a na haɗu da wani dattijo Bahaushen Zangon Kumasi, wanda ya yi shekara kusan talatin a garin. Baba nake ce masa. Shi ya gayyace ni gidansa ranar 1 ga Janairun 2015, matarsa ta yi mana tuwo da miyar kuka, ya kunna talabijin. Jami'armu ta Wiskonsin na karawa da Jami'ar Auburn. Ban gane komai ba a wasan, ƙwallon ma a hannu ake ɗaukarta, ga kwalkwali a kawunansu. Sai Baba ya nuna wani tsoho a gefen fili ya ce, "Yaro, ka san wannan? Shi ne mutum-mutumin da kake wucewa kullum a ƙofar fili."

Barry Alvarez ke nan. A ranar yana da shekara 68, kuma tun ƙarshen kakar 2005 ya ajiye aikin horarwa ya tsaya a ofishin daraktan wasanni na jami'a. Kocin da ke kai ne ya tafi wata jami'a ana dab da wasan, sai shi ya sauko daga ofis ya ja ragamar yaran na wasa ɗaya. Suka ci 34 da 31 bayan ƙarin lokaci.

Daren nan Baba ya ba ni labarinsa tiryan-tiryan, daga baya kuma na bi na karanta da kaina. An haife shi a 1946 a Langeloth, wani ƙaramin garin 'yan ƙwadago a Pennsylvania, kakanninsa kuma baƙi ne daga Sifaniya. Ya buga wa Jami'ar Nebraska wasa a ƙarƙashin koci Bob Devaney. Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne tsawon hanyar: ya yi shekaru yana horar da yaran sakandare a Nebraska da Iowa, sannan mataimaki a Jami'ar Iowa ƙarƙashin Hayden Fry, sannan Notre Dame ƙarƙashin Lou Holtz, inda suka ci kambin ƙasa a 1988. Sai da ya haura shekara 40 aka ba shi ƙungiyar jami'a tasa ta kansa, a 1990, lokacin da Donna Shalala ke shugabantar jami'ar, Pat Richter kuma ke riƙe da wasanni. Ya tarar da kujeru babu mutane, sashen wasanni na fama da bashi. Ranar da aka gabatar da shi ya ce wa jama'a su hanzarta sayen tikiti, don nan gaba kaɗan ba za su samu ba. A shekarar farko wasa ɗaya ya ci, ya faɗi goma.

"Ɗaya da goma," in ji Baba, ya maimaita yana kallona. Ban gaya masa zancen tikitin jirgi ba, amma ina jin ya karanta a fuskata.

Alvarez bai je neman abin da ƙasar ba ta da shi ba. Wiskonsin jihar manoma da makiyayan shanun madara ce, tana haifar ƙartin samari, sai ya gina wasansa a kansu: su tare gaba, mai gudu ya bi bayansu da ƙwallo. Ya kuma buɗe ƙofa ga yaran ƙauye da suka zo babu tallafin karatu, su gwada sa'arsu. A Janairun 1994 ya ci Rose Bowl, babban wasan ƙarshen kaka na jami'o'i, a kan jami'ar UCLA, ya sake ci a 1999 da 2000; na ƙarshen a kakar da ɗan wasansa Ron Dayne ya ɗauki kyautar Heisman, ta gwarzon ɗan wasan jami'o'i. Ni da na zo koyon noma na fahimci wannan tunani sarai. Kowace ƙasa da irin da take karɓa.

Aikin darakta, wanda ya riƙe daga 2004 zuwa 2021, ya fi ɗaure mini kai da farko. Kuɗin tikiti da na talabijin da ƙwallon nan ke kawowa su ke ɗaukar nauyin wasanni fiye da ashirin, har da na mata. Shi ya ɗauko Kelly Sheffield don ƙungiyar ƙwallon raga ta mata, wadda ta ci kambin ƙasa a Disambar 2021. Amma akwai abin da har yau bai kwanta mini ba. Duk shekarun nan yaran da ke karo da kawunansu a fili ba a biyan su albashi, alhali masu horarwa na kwasar miliyoyi. Sai a ranar 1 ga Yulin 2021 aka ba su damar cin kuɗi da sunansu da hotonsu, kwana ɗaya bayan Alvarez ya yi ritaya. Ina girmama mutumin, amma wannan tsari ya daɗe yana cin gumin 'ya'yan talakawa.

Ban koma gida a wannan hunturu ba. Na sayi takalmin ƙanƙara mai kyau, na fara zuwa ofishin malamai ina tambayar abin da ban gane ba, na daina jin kunyar cewa a maimaita mini. A kakar 2015 Baba ya saya mana tikiti biyu. Muka yi sallar azahar, muka bi jerin masu jan kaya, ya tsaya a gaban mutum-mutumin ya ce in ɗauke shi hoto zai aika wa ƙanwarsa a Kumasi.