Imamu Gazali da buhun wake

Da wuya ka samu ɗan kasuwa a Tudun Hatsi, kasuwar hatsi ta Gombe, wanda bai taɓa riƙe Ahlari ba. Tambaye shi farillan alwala, zai jero maka bakwai ɗin nan ba gargada. Ƙabli da ba'adi kuwa har musu ake yi a kansu a bakin masallaci bayan Azahar. Amma ka ce ya tuna maka abin da ke shafin farko na littafin, sai ka ga ana sosa ƙeya. Alhali kafin malamin ya taɓo maganar ruwa da tsarki, sai da ya gama da harshe: alfasha, rantsuwa da saki, wulaƙanta musulmi, ƙarya, giba, annamimanci, hassada, cin dukiyar mutane ba da son ransu ba. Ya kuma ce bai halatta mutum ya aikata wani aiki ba sai ya san hukuncin Allah a kansa. Mun haddace wannan muna yara, da karin muryarsa da komai, muka wuce. Ina ganin abin da ya sa bai zauna mana ba shi ne yaro ɗan shekara goma bai da dukiyar kowa a hannunsa. Lokacin da ta zo hannunmu kuwa, mun daɗe da rufe littafin.

Ni wake da masara nake sayarwa, kuma littafin tarbiyyar da ya fi kama ni shi ne wanda ya shigo har cikin rumfata. Wani malami a Jekadafari yana karantar da Ihya'u Ulumid Din a zaurensa bayan Magariba, yana fassarawa da Hausa layi-layi. Imamu Gazali, wanda ya rasu a shekarar 505 ta Hijira, wato 1111, ya kasa littafin kashi huɗu: ibada, al'amuran yau da kullum, halaye masu halakarwa, da halaye masu tsirarwa, kowane kashi da littattafai goma a cikinsa. Da ana karatun ibada zauren cike yake. Da aka iso ladubban neman abinci da sana'a, a kashi na biyu, sai mutane suka fara gyara zama, wasu kuma suka fara samun uzuri.

Abu huɗu Gazali ya gindaya wa mai sayarwa. Kada ya yabi kayansa da abin da babu a jikinsu, kada ya ɓoye aibinsu, kada ya ɓoye komai na awo, kada kuma ya ɓoye farashin da in mai ciniki da shi ya sani zai fasa. Malam yana karantowa, ni kuwa buhu nake gani. Kowa a harkarmu ya san yadda ake yi wa buhu fuska: tsabar mai kyau a sama inda za a kwance a duba, mai tsakuwa da ɗan huji a tsakiya. Shi ya sa mai saye da ya san kan abin ba ya yarda da baki, sai ya soka a ciki ya zaro ya gani a tafin hannunsa. Hadisin da Muslim ya ruwaito ma a kan tarin abinci ne: Annabi (SAW) ya cusa hannu ya ji danshi a ƙasa, ya tambayi mai shi don me bai sa jiƙaƙƙen a sama mutane su gani ba, sannan ya ce wanda ya yi algus ba ya cikinmu. Awo kuwa ba sai an je nesa ba, sura guda ce a izu na ƙarshe-ƙarshe take magana a kan masu tauye mudu. Akwai mudun saye, akwai mudun sayarwa, akwai kuma wanda aka bubbuga gindinsa ya shige ciki. Ban ce kowa ba. Amma babu wanda zai ce bai taɓa gani ba.

Aibin da ya fi tsaya mini a rai shi ne wanda ido ba ya gani. Wake ba ya jimirin ajiya, ƙwari na shigarsa cikin 'yan watanni, kuma hanya mafi arha ita ce a yayyafa masa fiya-fiya a ɗinke. Mai saye zai soka ya ga tsaba fes, ba huji ko ɗaya, har ya yaba. A 2015 Tarayyar Turai ta hana shigar da busasshen wake daga Najeriya saboda ragowar irin wannan maganin da aka samu a jikinsa. Su suna da na'urar gwaji. Matar da ta sayi mudu biyu a Pantami don ta yi wa 'ya'yanta alale ba ta da ita. Na tambayi Malam a ranar, na ce, "Allah gafarta Malam, in ban faɗa ba, kuma ba a tambaye ni ba fa?" Ya ce, "Alhaji, kai za ka dafa shi a gidanka?" Daga nan ya koma kan layinsa. Buhun nan mai ninki uku da ke kashe ƙwari ta hanyar hana su iska ya fi tsada, gaskiya ne, kuma riba tana raguwa. Shi nake amfani da shi, ina kuma gaya wa mai saye dalilin da ya sa nawa ya ɗara na maƙwabcina kuɗi. Wasu su saya, wasu su wuce.

Ba wai ina raina sauran littattafan ba ne. Riyadus Salihin na Imamu Nawawi yana kusan kowane gida a Gombe, sau da yawa a cikin kabad, da ledarsa ba a ɓare ba. Al-Adabul Mufrad na Bukhari ya tattara hadisan iyaye da maƙwabta da sallama. Ƙarshen Risala ma ladubba ne, na ci da sha da neman izinin shiga gida, sai dai ɗalibai ƙalilan ne ke kaiwa can. Ɗana da ke jami'a ya taɓa kawo mini labarin wata lacca da Bature Kirk-Greene ya buga a 1974 a kan wanda Bahaushe ke kira mutumin kirki, inda ya lissafa halaye goma, irin su gaskiya da amana da kunya da karamci. Ya lissafa daidai. Sai dai duk wanda ka karanta wa zai gyaɗa kai ya ga kansa a ciki, har da mai mudun saye daban, na sayarwa daban. Gazali kuwa ba ya barin ka a kan sunan hali. Sai ya kamo aikin da hannunka ke yi ranar kasuwa, ya ce wannan fa.

Dubi maganar jabun kuɗi. Ya ce in suka faɗo hannunka, ka jefa su rijiya inda hannu ba zai kai ba, domin in ka tura wa wani, shi ma zai tura, zunubin yana ta yawo da sunanka ko bayan ka mutu. Duk wanda ya taɓa karɓar jabun dubu ɗaya da yamma ya san shawarar da zuciya ke fara kawowa: a cusa ta tsakiyar canji. Haka maganar tayin ƙarya, inda dillali zai sa abokinsa ya zo ya taya kaya da tsada ba don zai saya ba, sai don baƙo ya ji ya ƙara. Da Malam ya fassara wannan, wani dattijon dillali a gefena ya yi dariya ya ce ashe sana'ar ta daɗe.

Inda zauren ya yi zafi shi ne ɓoye abinci. Ai kasuwancinmu ke nan: a saya da kaka lokacin da manoma daga Kumo da Dukku da Bajoga ke sauke kaya da arha, a ajiye, a fitar da damina. In an ce wannan haramun ne, to a rufe Tudun Hatsi. Gazali bai ce haka ba. Ya duba irin kayan, ya duba lokaci. Haramcin yana kan abin da mutane ke rayuwa da shi, kuma a lokacin da abinci ya yi ƙaranci har jinkirin sayarwa zai cutar da su. In abinci ya wadata, ajiya ba ta cutar da kowa, da sauƙi. Wasu suka ji daɗi, suka ce to shi ke nan. Ni ban ga shi ke nan ba, domin bai ba mu ranar da wadata ke ƙarewa ƙunci ya fara ba, ya bar wa mai rumbu ya duba da kansa. Ni abin da nake dubawa shi ne masu sayen rabin mudu. Idan na ga magidanci da na sani yana auna kwano biyar ya dawo yana cewa a ba shi rabi, yana kauda kai kada a gan shi, to ajiyata ta kai, ko da 'yan uwa na cewa a ƙara haƙuri wata ɗaya farashi zai hau.

Bayan adalci sai Gazali ya kawo kyautatawa, wadda ba dole ba ce: rage riba, sassauta wa wanda kake bi, karɓar kaya in mai saye ya yi nadama ya dawo da su. Ya ba da labarin wasu magabata masu littafin bashi biyu, ɗaya na talakawan da ba a sa ran za su biya. Yaron shagona da na ba shi labarin cewa ya yi, "Baba, ai mu ma muna da shi, sai dai namu ba da niyya muka buɗe ba." Ya fi ni gaskiya. Akwai sunaye a littafinmu tun daminar da ta wuce waccan, na ce masa ya ware su a shafi daban, ya daina aika musu.