Ƙashi na Takwas

Asabar, ƙarfe ɗaya saura na dare. Barci ya ƙi zuwa, bari in rubuta ko na samu sauƙi.

Da safe garau na tashi. Hazo ya lulluɓe gari, daga ƙofar gida da kyar kake hango masallacin bakin layi, leɓena duk ya tsattsage. Koko da ƙosai. Na kai Umma Kasuwar Barci ta ƙarasa sayayyar ƙanena Abba ta tafiya bautar ƙasa: bokiti, gidan sauro, fararen riguna da gajerun wanduna, farin takalmi, da 'yar jakar nan ta ɗaurawa a ƙugu. Minti ashirin ta yi tana ciniki a kan bokiti ɗaya, mai kayan har ya ce, "Hajiya, ki ɗauka kyauta mana in huta." Ta ɗauka a farashinta. Na yi dariya har da hawaye.

Shago da rana. Kalandar biki guda ɗari biyu, an rubuta sunan amarya ba daidai ba, ba laifina ba ne, amma ni na sha faɗan. Ya wuce.

Abin da ya hana ni barci bayan isha'i ya faru.

Mun hau duniyarmu ta Don't Starve Together, wasan kwamfuta na tsira daga yunwa da dodanni a daji, kamar kullum: ni da Abba a ɗaki, Ummi daga Barnawa, Bash daga Zariya, muna magana ta kiran WhatsApp. Yau kwana na 612 a cikin wasan. Kwana ɗaya minti takwas ne a agogon gaske, na buga lissafi ɗazu, awa 81 da 'yan kai ke nan muka zuba a wannan duniyar kaɗai. Kada wanda ya gaya wa Umma.

Wanda ya san farkonmu ba zai gane sansanin nan ba. Hunturunmu na farko, wajen kwana na 30, Mai Ido Ɗaya, ƙaton dodon hunturu, ya zo ya tattake mana komai, tukunya, akwatuna, har murhu. Ummi ta zama fatalwa tana yawo a kanmu tana rage mana hankali, ni kuma na yanke jini 40 daga jikina na haɗa zuciyar da aka tashe ta da ita, alhali ni ma saura ƙiris. A lokacin karas ɗaya faɗa ake yi a kansa. Yanzu fa? Tukwane shida a jere, firji huɗu, gonaki, akwatunan zuma, na'urar kashe gobara a kowace kusurwa. Karnuka in sun kawo farmaki filin tarko muke ja da su, ko waiwaye ba ma yi, sai dai mu dawo mu kwashe nama. Yunwar da kamfanin Klei ya sa wa wasan sunanta, rabon da mu ji ta tun kafin azumi. A cikin manyan dodanni, mun kashe Sarauniyar Zuma mai jini 22,500, mun kashe Dragonfly mai 27,500, Dage kuwa duk kaka in ya zo sai mu kai shi daji ya sare mana itace kamar ɗan ƙodago.

To a nan matsalar take, kuma ba wanda ya gaya mana haka tun farko. Muddin kana gudun mutuwa, ba ka tambayar me za a yi yau, dare da ciki sun riga sun ba ka amsa. Ranar da rumbu ya cika, sai ka ga mutum huɗu tsaye a tsakar sansani kowa yana jiran wani ya ce wani abu. Bash ya koma shimfiɗa daɓe kala-kala. Ummi ta shuka furanni har sun fi ƙarfin ƙudan zuma. Abba ne kaɗai ya kafe a kan abu ɗaya tun watanni biyu da suka wuce: mu kashe babban dodon nan, Masaƙi. Ancient Fuelweaver, ga masu son sunansa na asali. Can ƙarƙashin ƙasa, bayan kogo, bayan kufai.

Ba a zuwa wurinsa haka kawai. Sai da mabuɗin da ake samu bayan an kayar da mai gadin kufai, mun samu. Sai da baƙar zuciyar da ake ƙwata daga gumakan inuwa uku a daren da babu wata. Mun samu, Bash ya mutu sau biyu a kanta. Sai kuma gutsattsarin ƙashi guda takwas da za a harhaɗa su zama gangar jikinsa. Bakwai ne a akwati. Sati uku ke nan ana cewa bakwai ne. Ni ne mai riƙe da lissafin kaya, tunda Wickerbottom nake bugawa, tsohuwar mai littattafai da ba ta barci, shi ya sa suke kirana Hajiya. Duk wanda ya tambaya sai in ce saura ɗaya, a ci gaba da fasa duwatsun kogo.

Muna cikin wasa sai na ga Abba ya miƙa hannu ya kashe makirfon wayar da ke tsakaninmu. Yana zaune a kan kafet, kwamfutarsa a kan filo, bai ɗago ba.

"Yaya, jakar wa ce wannan a bayan akwatunan zuma?"

Gabana ya faɗi. A kan wasa fa. Na ce wace jaka.

"Wadda aka ajiye a bayan bishiya. Akwai ruɓaɓɓen abinci a ciki, da igiya biyu, da ƙashi."

Na ce wataƙila tun tuni na yar da ita na manta. Ya ce to. Wannan "to" ɗin nasa irin na Baba ne sak, wanda ya fi zagi ciwo. Na ga Wigfrid, jarumar da yake bugawa, ta ɗauko ƙashin, ta ratsa gona, ta buɗe akwati ta saka. Takwas.

Maimakon in yi shiru sai na hau bayani, kuma ni kaina ina jin yadda muryata ta canza. Na ce Abba, kai gani kake wasa ne. Jininsa 16,000 ne, e, bai kai na Sarauniyar Zuma ba, amma ba a nan gizo ke saƙar ba. Yana sakin ƙananan inuwoyi su rarrafo wurinsa, duk wadda ya haɗiye jini ya ƙaru, sai ka yi ta duka kamar mai zuba ruwa a kwando. Yana kafa maka kejin ƙashi ya kulle ka a ciki. Yana rufe kansa da garkuwa, hannayen da ke riƙe da garkuwar kuma ba ka ganinsu sai hankalinka ya gushe, in kuma ka daɗe babu hankali ya kama kanka ya tsayar da kai cak. Dole mutum ya riƙa sa layar hauka yana cirewa a daidai lokaci. Na ce Bash da intanet ɗinsa mai tafiyar hawainiya ne zai iya wannan? Na ce sandunan guguwa nawa gare mu?

"Uku," in ji shi. "Sandar tsalle biyu. Hulunan kufai takwas. Sambusa ƙunshi biyar, kai da kanka ka naɗe su." Pierogi yake nufi, wani abinci na cikin wasan, mu sambusa muke ce mata, kowace ɗaya tana mayar da jini 40. Tun da Sarauniyar Zuma ta ba mu sirrin ƙunshin da abinci ba ya lalacewa a ciki nake tara su, kamar mai shirin aurar da 'ya.

Na ce to bari bazara ta wuce, saura kwana huɗu ta shigo, ka san gobara.

Sai a nan ya ɗago ya dube ni. "Yaya, bazara ai ita ce lokacin shiga kogo. Kai ka koya min. Sama na ci da wuta, ƙasa da sanyi."

Haka ne. Ni na koya masa. Shekarar wasan kwana 70 ce, kaka 20, hunturu 15, damina 20, bazara 15, kuma duk bazara ƙasa muke gudu. Ramin ƙarya ƙurarre ne, nawa ko taku uku bai yi ba.

Ya ce, "Laraba zan tafi fa. Sati uku a sansani, daga nan kuma shekara guda, ban san ko inda za a tura ni akwai wuta ba balle intanet. Ni ba sulken ƙashin nake so ba. So nake in tafi mun gama wani abu."

Na ce ai wasan ba ya ƙarewa. Ko mun kashe Masaƙi akwai na wata, wanda sai an yi ta yi wa tsohuwar ƙaguwar nan ta tsibiri hidima, an yaƙi Sarkin Ƙaguwa a teku, an harhaɗa bagadai, kafin ma ya sauko, kuma sau uku yake tashi. Akwai ƙaton kwaɗon kogo, wanda in ka tsokano mugun nau'insa jininsa 99,999 ne. Tun 2016 da wasan ya fito suke ta ƙara abubuwa, ba su daina ba. Ina ta lissafi kamar mai tallan magani a tasha.

Ya bari na gama tsaf. Sannan ya ce, "To in ba ya ƙarewa, Yaya, me ya sa ka ɓoye ƙashin?"

Ya kunna makirfo. Ummi tana ta "Hello? Kun mutu ne?" Bash yana tambaya wa ya kwashe masa marmara. Abba ya ce musu an samu na takwas, a kogo ya tsinta. A kogo. Ya rufa min asiri, kuma wannan ya fi komai ƙona min rai.

Ban ce na ɓoye ba. Ban kuma ce na manta ba. Abin da na sani shi ne ranar da na fasa dutsen nan ƙashin ya faɗo, ni kaɗai ne a kan layi, na daɗe ina kallonsa, sai na ga ban nufi akwati ba.

Shekara bakwai ne tsakanina da Abba. A gidan nan maganarmu ba ta wuce "Yaya ina kwana", "ina cajata", "Umma na kira". Ba faɗa muke ba, haka dai muka taso, shi da kunyarsa ni da girman kaina na babban wa. Amma a cikin wasan nan yaron nan tsawa yake daka min. "Hajiya ki matsa!" "Yaya ka ci abinci, za ka mutu!" Ran da Dragonfly ta faɗi ya daki kafaɗata da ƙarfi har ya tsorata da kansa, muka kwashe da dariya mu biyu, Umma ta buga bango. A nan na san yana da saurin yanke shawara, a nan na san in ya tsorata surutu yake yi. Ashe a daji mai karnuka na san ƙanena, ba a ɗakin da muke kwana tare ba. Kuma shi ya riga ya sa wa abin iyaka: Masaƙi. Na san halinsa, in ya ce ya gama to ya gama, ko littafin makaranta ba ya sake buɗewa bayan jarrabawa.

Wajen goma da rabi aka ɗauke wuta. Kwamfutata ce ke ɗauke da duniyar, sama da kogo duka, batirinta kuwa kun san labarinsa, ko Fatiha ba ka idarwa. Ɗif. Ummi ta turo fuskar kuka, Bash ya turo abin da ba zan maimaita ba. Abba ya ce sai da safe, ya juya ya fuskanci bango.

Na fita tsakar gida. Sanyi. Janareton maƙwabta. Bokitin Abba a jingine, gidan sauron a cikinsa, ledar ko ɓarewa ba a yi ba.

Sha biyu da wani abu wuta ta dawo. Na kunna, na rage haske, na shiga ni kaɗai. Wasan da asubar kowace rana yake adana abin da aka yi, mu kuwa ba mu kai asuba ba, don haka ya mayar da ni safiyar kwana na 612. Ana yayyafi. Na buɗe akwati: bakwai. Na zagaya bayan akwatunan zuma, ga jakar nan a bayan bishiya kamar ba a taɓa taɓa ta ba, ruɓaɓɓen abinci, igiya biyu, ƙashi.

Na tsaya a wurin har magariba ta yi a wasan, zuma suka shige gidajensu, hankalin Hajiya ya fara raguwa saboda jiƙewa. Sannan na ɗauka na kai akwati, na zauna bakin wuta na jira gari ya waye don ya adana. 613.

Na rubuta a group: Litinin bayan isha'i, Masaƙi, kowa ya cika caji. Bash, wanda ashe shi ma bai yi barci ba, ya amsa nan take wai shi dai a ba shi sambusa goma tun daga sama, don ya san ni da rowa. Abba bai gani ba tukuna, ga minsharinsa nan.

Gobe in Allah ya kai mu zan karɓo ƙaramin janareton Kawu in sayo mai a galan, kada wuta ta yi mana irin ta yau a tsakiyar faɗa. Na sa ƙararrawa a waya don kada in manta. Biyu na sa.